Mai Ɗakin Hayar Kawu a Budapest

Kawuna likitan dabbobi ne. Ƙanen mahaifiyata ne, ya yi shekara talatin da wani abu yana aikin gwamnatin tarayya, yana duba bakin shanu da rubuta rahoto a kan cutar kaji. Da ya yi ritaya sai ya bar cikin gari ya koma Kwali, inda ya daɗe da mallakar fili, ya yi gida mai ɗaki uku da garken awaki. Kowa a dangi ya ce ya yi dabara. Bayan wata shida ya kira ni a waya ya ce zai fassara littafin labari daga harshen Hungari zuwa Hausa, kuma ni zan buga masa a kwamfuta.

Ban taɓa ganin Kawu riƙe da littafin labari ba. Na tambaye shi ko lafiya. Ya ce lafiya lau, in zo ran Asabar, in taho masa da batirin rediyo.

Mun san ya yi karatu a Hungari kamar yadda muka san yana da hawan jini, abu ne da ke nan amma ba a zancensa. Ni a lokacin ina zaune a Wuse, ina aiki a sashen ajiye fayil na wata ma'aikata, kuma a dangi an ɗauka duk wanda ke aikin ofis hannunsa na sauri a kan kwamfuta. Ran Asabar na shiga mota na tafi.

Na same shi a ƙarƙashin bishiyar mangwaro da littattafai biyu a kan tebur. Ɗaya tsoho ne, takardunsa sun yi ja, rubutunsa cike da ɗigo-ɗigo a kan wasula. Ɗayan na Turanci ne, a bayansa akwai hoton wata tsohuwa mai gajeren gashi, tana kallon mai ɗaukar hoton kamar ya taka mata ƙafa.

“Kin ga wannan?” in ji Kawu. “A gidanta na zauna shekara biyar.”

Ya ce makonni kaɗan da suka wuce ya shiga gari neman wani littafi a kan kiwon awaki, ya tsaya wurin mai sayar da tsofaffin littattafai a gefen kasuwar Wuse. Yana cikin juya kaya sai ya ga fuskarta tsakanin littattafan koyon arziki. Ya ce wa mai kayan, wannan ai mai ɗakin hayata ce. Mai kayan ya ce, “To oga, sai ka saya.” Ya saya. A bayan littafin ne ya karanta cewa yanzu ana lissafa ta cikin manyan marubutan ƙasarta, an fassara ta zuwa harsuna da yawa, har ɗakin da ta zauna an mayar da shi wurin ziyara.

“To ai abin farin ciki ne, Kawu.”

“Na karanta na Turancin,” ya ce. “Sun sa mata ladabi. Matar nan ba ta da ladabi.”

A ranar bai fassara ko layi ɗaya ba, labarinta ya ba ni. Yana ɗan shekara ashirin aka ba shi gurbin karatu, ya sauka Budapest cikin sanyin da bai san Allah Ya halitta ba. Bayan shekarar koyon harshe ɗakunan ɗalibai suka cika, aka tura shi gidan wata tsohuwa mai ba da hayar ɗaki, a hawa na huɗu, babu lif. Mijinta ya tafi yaƙi bai dawo ba, ba ta haihu ba. Kullum da safe yana jin ƙarar tafireta daga ɗakinta, shi ya sa har shekara biyu ya ɗauka mai buga wa mutane takardu ce. Daga baya wata maƙwabciya ta raɗa masa a matattakala cewa marubuciya ce. Tana budurwa ta fitar da littattafai biyu aka yi ta yabo, sai gwamnati ta sauya, aka kwashe su daga shaguna da ɗakunan karatu. Ba a ɗaure ta ba, an dai daina jin sunanta. Abincinta ya koma gyaran kurakurai a littattafan koyar da sarrafa injinan noma. Abin da take bugawa da safe kuwa a cikin akwati take zubawa.

Da ta gane ba ya cin naman alade sai ta koma dafa masa dankali. Shekara biyar yana cin dankali da wani jan barkono marar yaji. Shi kuma yana hau mata da gawayin ɗumama ɗaki daga ƙasa, yana duba mata kyanwarta. In ya yi kuskure a magana takan tsayar da shi, ko da gobara yake son sanar da ita. Sau ɗaya tak ta tambaye shi wani abu game da ƙasarmu: ko a harshensu akwai kalmar da ake kiran mai laɓewa a bayan ƙofa yana sauraron mutane. Ya yi tunani ya ce akwai kamar huɗu. Ta ce ashe ƙasarsu ta ci gaba.

Ranar da zai dawo gida ta ba shi wannan tsohon littafin, ɗaya daga cikin biyun da aka hana, ba ta rubuta komai a ciki ba. Ta rasu bayan 'yan shekaru, kafin gwamnatin ta faɗi, ba ta ga ko ɗaya daga cikin abin da ke akwatin a buge ba. Shi kuma ya sa littafin a ƙasan akwatinsa, ya kama aikin shanu.

Asabar ta gaba muka fara. Kawu yakan karanta layi a zuci, ya ɗaga kai ya dubi ganyen mangwaro, sannan ya faɗa da Hausa, ni kuma in buga. Matarsa, wadda muke kira Hajiya, takan zauna gefe tana ɓarar gyaɗa, ta ce ita ba sauraro take ba.

Labarin wata malamar makarantar ƙauye ne, da aka umarce ta ta rubuta takardar ƙorafi a kan abokiyar aikinta. Ba ta ce ba za ta rubuta ba, kuma ba ta rubuta ba. Yau ta ce takarda ta ƙare, gobe ta zauna tana feƙe fensir har rana ta faɗi. Haka har shafi ɗari uku. A babi na biyu Hajiya ta ce, “Wai ita matar nan ba ta da aikin yi ne?” A babi na biyar ta daina ɓarar gyaɗar. Ni kam tun farko na gane malamar, don a ofishinmu akwai fayil ɗin da ya shekara bakwai ana neman abin maƙale shi.

Inda aka sha giya Hajiya ta ce a mayar da ita zoɓo, saboda yara za su iya karantawa. Kawu ya ce mutanen nan ba su sha zoɓo ba, kuma ba zai yi musu ƙarya suna kabari ba. Aka bar giya.

Abin da ya tsayar da mu mako uku wani ne daban. A harshen Hungari, in ji Kawu, kalma ɗaya ce ke nufin “shi” da “ita”. A cikin littafin akwai wanda ke zuwa makarantar duk mako daga hukuma don tambayar takardar, kuma tsohuwar ba ta taɓa faɗin ko namiji ne ko mace ba. Mai fassarar Turanci ya mayar da shi namiji, har ya ji daɗi. Hausa kuwa ba ta barin mutum ya shigo ɗaki sai an san jinsinsa: ko ya shigo, ko ta shigo. Kawu ya gwada “suka shigo”, ya ce ya zama kamar basarake ne ya kawo ziyara. Hajiya ta ce a yi irin Hausar maƙwabciyarsu mai ginin tukwane, wadda kowa a wurinta “shi” ne, har surukarta. Kawu bai yi dariya ba.

Wata Litinin ina ofis masinja ya leƙo ya ce, “An ce a kawo fayil ɗin nan.” Na ce wa ya ce? Ya ce, “Daga sama aka ce.” Ina fita tsakar rana na kira Kawu na ce ya gwada “an”. An zo. An zauna. An tambaya ko takardar ta samu. Aka sha ruwa, aka ce za a dawo. 

“Ashe aikin gwamnatin naki yana da amfani,” ya ce.

Wannan ne yabo mafi girma da na taɓa samu daga gare shi.

A ofis nake fitar da shafukan a takarda, a haka ogana ya gani ya tambaya. Ashe matarsa na da ƙungiyar masu karatu da ke haɗuwa a gidansu a Maitama sau ɗaya a wata, kuma sun taɓa karanta fassarar Turancin. Da Madam ta ji akwai wanda ya zauna gida ɗaya da marubuciyar, a nan Kwali, sai ta aiko da katin gayyata mai ruwan zinare. Kawu ya ce ba za shi ba. Hajiya ta goge masa babbar riga.

Na ari motar mijina na ɗauko shi ranar Lahadi da hantsi. A bakin get ya tsaya ya daɗe yana duban karen gidan, ya gaya wa mai gadi cewa karen na da tsutsar ciki. A falo akwai mutum kamar goma sha biyar, yawancinsu mata, da wani dakta daga jami'a wanda aka gayyato ya yi sharhi. Daktan ya yi minti arba'in yana magana da Turanci a kan fensir ɗin malamar. Ya ce fensir ɗin shi ne 'yancin ɗan Adam, feƙewar kuma ita ce yadda mulki ke cinye mutum a hankali. Ya yi magana mai kyau, har na rubuta wasu wurare. Da ya gama ya juyo ya tambayi Kawu ko marubuciyar ta taɓa yi masa bayanin wannan alama.

“Fensiran lokacin ba su da kyau,” in ji Kawu. “Kana feƙewa suna karyewa.”

Madam ta yi dariya ta ce Baba akwai barkwanci. Ta ce ya ba su labarin yadda take a gida. Ya ce tana da nauyin ƙafa, ba ta son a buɗe taga, kuma ba ta iya dafa shinkafa ba. Aka jira ya ƙara, bai ƙara ba. Sai aka roƙe shi ya karanta wani abu daga fassararsa. Ya sa tabarau ya karanta wurin da aka zo a karo na tara, aka tarar malamar ta rubuta kwanan wata a saman takarda, aka yaba mata da wannan ci gaba. Rabin falon Hausarsu ta gaisuwa da ciniki ce. Amma wata dattijuwa 'yar Filato, tsohuwar nas, ta fashe da dariya har ta ajiye kofinta, ta ce, “Wallahi na san mutumin nan, mun yi aiki tare.”

Can wata ta tambaya ko gaskiya ne hukuma na sa mata ido.

“Ana sa mata,” in ji Kawu.

“Su wa?”

“Mutane.” Ya ɗauki ruwa ya sha.

Bayan la'asar muka kama hanyar Kwali. Muka wuce mahaɗar filin jirgi. Sannan, yana kallon gaba, ya ce, “Ni ne mutanen.”

Na rage gudu. Ya ce in ci gaba da tuƙi.

A shekararsa ta biyu a gidan aka kira shi ofishin ɗaliban ƙasashen waje. Ya tarar da wani mutum da ba ma'aikacin wurin ba, aka ba shi shayi. Mutumin ya tambayi karatu, ya tambayi sanyi, ya tuna masa cewa gurbin karatun nan kyauta ce daga al'ummar ƙasar, kuma kyauta ana iya karɓe ta. Abin da ake so kaɗan ne: shafi ɗaya duk wata, a kan wanda ya zo gidan tsohuwar da abin da aka tattauna. Kawu shi ne na farko a garinsu da ya hau jirgin sama, har tasha aka raka shi da addu'a. Ya yi tunanin ranar da zai koma ba takardar shaida. Ya ce to.

Ya rubuta na wata uku. A na uku abinci ya daina shiga. Wata rana da rana ya same ta a kicin tana feraye dankali, ya tsaya a bakin ƙofa ya faɗa mata duka. Ba ta ɗago ba. Ta ce wanda ya zauna a ɗakin kafin shi ma yana rubutawa, bambancin kawai shi bai taɓa faɗa ba. Ta ce in yana da kwafi ya kawo. Ya kawo. Ta goge hannu, ta ɗauko jan fensir ɗin da take gyaran littattafan injina da shi, ta bi shafin layi-layi. Da ta gama ta ce ba za ta yarda a ce mutum na zaune a gidanta yana irin wannan rubutu ba.

“Daga nan tare muke rubutawa,” in ji Kawu. “Duk ƙarshen wata. Ita ke faɗa ina rubutawa. Mai kawo gawayi ya zo. Maƙwabciya ta ari rariya, ba ta dawo da ita ba. An tattauna ciwon gwiwa. Shekara uku muna yi. A nan na iya harshen.”

Na yi dariya, shi bai yi ba. Ya ce ukun farko shi kaɗai ya rubuta su. A cikinsu ya ambaci wani mutum mai sanƙo da ke zuwa ran Alhamis da takardu a cikin jakar burodi. Bayan ɗan lokaci mutumin ya daina zuwa. Ya tambaye ta, ta ce mutane sukan daina zuwa. Bai sake tambaya ba, kuma ko sunan mutumin bai sani ba.

Muka wuce Gwagwalada. Na ce, “Hajiya ta sani?”

“Tun kafin aure. Ta ce Allah Ya kyauta.”

“Kawu, shi ya sa kake fassarar?”

“A'a. Na gaya miki, ɓata littafin aka yi. Ki kula da mai tirelar nan.”

Damina biyu muka yi kafin mu gama. Ni na dage sai an nemi izini, don ban yi shekarun nan a cikin fayil a banza ba. Muka rubuta wa kamfanin da ke buga littattafanta, suka tura wa jikar ƙanenta, wadda ke kula da abin da ta bari. Amsa ta zo da harshen Hungari, na fitar da ita a takarda na kai masa. Ya karanta sau biyu. Matar ta ba da izini, ta roƙi kwafi ɗaya. Ta kuma ce ta san Kawu. Bayan sauyin gwamnati an buɗe wa iyalai takardun da aka tara a kansu, suka karanta na gwaggonsu duka. Sun lura cewa ɗalibin nan ɗan Afirka, daga wata na huɗu, rubutunsa ya gyaru farat ɗaya, har yana amfani da kalmomin da mutum ɗaya kawai suka sani yana amfani da su. Ta ce shekara da shekaru in dangi sun taru sai an ɗauko zancen rariyar nan.

Kawu ya sa na rubuta mata tambaya a kan mai sanƙo. Ta amsa cewa ta bincika, ta tambayi tsofaffin da suka rage, ba wanda ya tuna shi. Ya ninke takardar ya sa a aljihu, ya tashi ya yi alwala.

A wata maɗaba'a da ke Wuse muka buga kwafi kaɗan. Mai maɗaba'ar, don kyautatawa, ya samo hoton wata Baturiya tana murmushi da fensir a baki ya ɗora a bango. Kawu ya sa aka cire. Littafin ya fito da koren bango ba hoto, kamar rahoton shekara na ma'aikata. Muka aika ɗaya Budapest, muka ba Madam biyar, daktan jami'a ya karɓi ɗaya ya ce zai sa ɗalibai su yi nazari. Tsohuwar nas ta kira bayan mako biyu ta ce ta gama, amma kamar an manta ba a buga shafin ƙarshe ba. Kawu ya ce haka yake. Ta ce to, a ajiye mata biyu, za ta kai wa 'yan'uwanta a Jos. Mahaifiyata ta ajiye nata a cikin kabad tare da kwanukan da ba a cin abinci da su.

Jikar ta aiko mana da wani littafin, cikin waɗanda aka ciro daga akwati, ya fi na farko kauri. Kafin ya iso yanar ido ta rufe wa Kawu ido ɗaya, ɗayan ma ya fara. Likita ya ce a yi aiki, Kawu ya ce sai bayan girbi. Don haka ya koya mini yadda ake furta haruffan. Yanzu ni ke karantawa da ƙarfi, ban san ko kalma ɗaya daga abin da nake faɗa ba, shi yana sauraro ido a rufe, wani lokaci ya ce in maimaita, sannan ya faɗa da Hausa in buga. Sai na buga nake sanin abin da na karanta. Wani lokaci ina tsakiyar layi in ga Kawu ya yi murmushi, in jira minti biyu kafin dalilin ya iso gare ni, sannan ya isa ga Hajiya.

Asabar ɗin da ta wuce mun yi shafi biyu da rabi. Muna cikin na uku aka aiko cewa wani tsohon abokin aikinsa ya rasu a Gwagwalada, muka rufe kwamfuta na kai shi ta'aziyya.